Masu zana taswirar wuri da lokaci: ta ina zan sa mai karatu ya yarda da su?

"Assalamu alaikum Malam. An ce min kai ma'aikacin safiyo ne, kuma kana ɗan duba wa marubuta labari. Ina rubuta littafi ne a kan wata ƙungiya ta ɓoye, mutanen da aikinsu zana taswira, amma ba ta ƙasa kaɗai ba har da ta lokaci, wato suna zana jiya da yau da gobe kamar yadda ake zana gari da hanya. Na kai babi na shida na tsaya cak. Ƙawata da ta karanta ta ce min wai 'yan tsafi ne kawai na sa musu takarda a hannu. Don Allah ta ina zan gyara? Me zai sa masu taswira su ɓoye kansu, kuma wai ya ma ake zana lokaci?"

Wa alaikumus salam ƙanwata. In na fahimce ki tambaya biyu kika yi, dalilin ɓuya da kuma yadda ake zana lokaci, amma akwai ta uku da kika binne a tsakiya, wato me ya sa ƙawarki ta ga 'yan tsafi a inda ke kike ganin masana. Toh ki riƙe ƙawar nan da kyau, irinta ba su da yawa. Ban ga rubutun ba amma zan iya cankar abin da ke ciki, akwai ɗaki mai duhu, akwai tsoho mai farin gemu da ba ya magana sai da habaici, akwai wata tsohuwar fata da in an buɗe ta sai haske ya tashi. In na yi ƙarya ki gyara min. Kin ba mutanen nan asiri amma ba ki ba su aiki ba, ba a ganin su suna awo, ba a ganin ƙafarsu ta yi kanta, ba wanda ya taɓa kuskuren lissafi aka yi masa faɗa. Duk wanda ya san abu ba tare da an ga wahalar da ya sha kafin ya sani ba, ai a wurin mai karatun Hausa boka ne ko mai aljanu, ba wani suna na uku.

Ni dai na fi shekara ashirin ina saɓa ƙafar na'urar awo a kafaɗa, daga gonaki zuwa fulotai zuwa hanyar mota, don haka ta ɓangaren sana'ar zan zo miki, shi na sani.

Amma kafin nan ki cire kalmar "ƙungiyar asiri" daga littafin gaba ɗaya in kin sa ta. A kunnenmu wannan kalmar ta riga ta yi wari, da an faɗe ta sai jan ƙyalle da ƙwarya da shan jini su faɗo wa mutum a rai, ko me kika rubuta bayanta ba zai goge wannan hoton ba. Ki nemo musu sunan da su suke kiran kansu da shi, kuma ya zama suna mara armashi, irin wanda ko an ji shi a kasuwa ba wanda zai waiwayo. Masu ɓuya na gaske ba sa laƙaba wa kansu suna mai ban tsoro.

Kowace taswira ta lokaci ce

Bari in ba ki labarin wani aiki da na taɓa yi. Rikicin gona ne tsakanin 'ya'yan wa da ƙani, iyayen duk sun rasu, an kai maganar gaban mai gari har ta wuce shi. Takardar rabon da kakansu ya bari ta ce iyaka ta tashi daga tsamiya ta miƙe zuwa rafi. Muka je da safe ni da yarana biyu, ga dangi sun cika gonar kowa fuska a murtuke. Tsamiya dai babu ita, an sare ta tun da daɗewa, sai da wani tsoho ya zo da sandarsa ya caccaki ƙasa ya ce a tona nan, aka tona aka tarar da ruɓaɓɓen kututture. Saura rafi. Ɓangare ɗaya suna nuna min ruwan da ke gudana a gabanmu, ɗaya ɓangaren suna nuna min wani kwari busasshe da ya cika da yashi da geza, tazarar da ke tsakani ta kai mita 60, kuma a fadama ce inda taki ɗaya ma kuɗi ne. Da na samo tsohon hoton sama na yankin na ɗora shi a kan awon da na yi, sai ga shi ƙarara, rafin ne ya yi ƙaura, wata ambaliya ta sa ya bar tsohuwar hanyarsa ya yanki sabuwa. Kinga ba wanda ya yi ƙarya a cikinsu. Ɗaya yana tsaye a shekarar da aka rubuta takarda, ɗaya yana tsaye a yau, wuri ɗaya suke nunawa da baki amma zamani biyu suke nufi.

Tun ranar na daina kallon kwanan watan da muke rubutawa a ƙasan fulan, wato takardar zanen fili, a matsayin cika ƙa'ida. Shi ne rabin taswirar. Ki ɗauki Tafkin Chadi, a farkon shekarun 1960 faɗinsa ya kai murabba'in kilomita 25,000, zuwa shekarun 1980 bai kai kashi ɗaya cikin goma na haka ba, masunta suka dinga bin ruwa yana ja da baya suna kafa ƙauyuka a inda da can tsakiyar tafki ne, har suka tsallake iyakar ƙasa ba su ankara ba. Garin Darak, ɗaya daga cikin irin waɗannan ƙauyuka, yana cikin wuraren da kotun duniya ta ce na Kamaru ne a hukuncinta na 2002. Ko ƙasar da muke takawa ma ba a tsaye take ba, nahiyar Ostareliya tana matsawa wajen arewa kusan santimita 7 duk shekara, sai da hukumarsu ta gyara lambobin taswirar ƙasar kaf da mita 1.8 saboda gari ya bar inda takarda ta ce yake.

Toh ga amsar tambayarki ta biyu tun kafin mu je ko'ina. Mutanenki ba sai sun yi wani siddabaru ba kafin a ce suna zana lokaci. Ya ishe su a ce su kaɗai ne a duniyar labarin suke ajiye kowace taswirar kowane wuri, ta bana a kan ta bara a kan ta shekara ɗari baya, ba sa yar da ko ɗaya, har in ka jera su ka ga rafi yana tafiya kamar maciji, ka ga gari ya tsiro ya cika ya mutu, ka ga rijiyar da rairayi ya binne. Wanda ke da wannan tarin ya san inda kabarin da aka manta yake, ya san gonar wa aka cinye, ya san sarkin da gidansu baƙi ne a garin. Wannan kaɗai ya isa a kashe mutum a kansa.

Agogo ne ke faɗa maka inda kake

Akwai kuma wata alaƙar da ta fi wannan zurfi, kuma kin santa ba ki dai lura ba. Da azumi mutanen Maiduguri suna shan ruwa kusan rabin awa kafin na Sakkwato, alhali agogon hannunsu ɗaya ne. Dalili, duniya tana juya digiri 360 cikin awa 24, digiri 15 kenan a awa, digiri ɗaya a minti 4, tsakanin garuruwan biyu kuwa akwai kusan digiri 8. Juya lissafin ki gani: in ina da agogon da ke riƙe da lokacin garinmu daidai, na yi tafiya mai nisa, na duba sanda rana ta take tsaka a inda nake na ga ta riga agogona da awa ɗaya, to na san na yi gabas da digiri 15. Na auna lokaci, wuri ya fito.

Wannan abin da na faɗa a layi uku shi ya hana Turawa barci shekaru aru-aru, jiragen ruwa suna ta dukan duwatsu saboda matuƙa sun san nisansu kudu da arewa ta hanyar rana da taurari amma gabas da yamma sai dai kintace. A 1714 majalisar Ingila ta sa ladan da ya kai fam 20,000 ga wanda ya warware matsalar. Wanda ya fi kowa matsowa ba wani shehin malamin taurari ba ne, kafinta ne mai suna John Harrison da ya koya wa kansa gyaran agogo, ya ƙarar da rayuwarsa yana ƙera agogon da kaɗawar teku da zafi da sanyi ba za su rikita shi ba. Na huɗun da ya ƙera aka tafi da shi Jamaika a 1761, bayan kwana 81 aka tarar kuskurensa bai wuce sakan 5 ba, kuma duk da haka sai da aka yi ta ja masa rai a kan kuɗin har ya tsufa tukuf. In kina neman yadda manyan ƙungiyarki za su wulaƙanta ɗan talakan da ya fi su basira, ga samfuri nan kyauta.

Mu ma a tarihin Musulunci akwai masu wannan sana'ar, ana ce musu muwaƙƙit, ma'aikacin masallaci ne da aikinsa fitar da lokutan salla da alƙibla ta hanyar lissafi. Ibn al-Shatir, wanda ya rasu a 1375, shi ne muwaƙƙit na babban masallacin Umayyawa a Dimashƙa, kuma yana cikin manyan masana taurari na zamaninsa. Ki lura da aikin nasa, yaushe da kuma ta ina, tambaya biyun da mutanenki ke amsawa kenan.

GPS ɗin wayarki ma agogo ne. Taurarin ɗan'adam da ke sama da nisan kilomita 20,200 ba sa ganin ki, kowanne lokaci kawai yake sanarwa, wayar ta auna jinkirin isowar saƙo daga aƙalla guda huɗu ta fitar da inda kike. Saƙon yana gudun kilomita 300,000 a sakan, don haka kuskuren kashi ɗaya cikin miliyan na sakan ya zama mita 300 a ƙasa. Abin da zai ba ki mamaki, agogon da ke can sama ya fi na ƙasa sauri da irin wannan ɗan kason guda 38 a kullum, kamar yadda lissafin masanin kimiyya Einstein ya nuna, da ba a gyara shi da kuskuren ya haura kilomita 10 a rana ɗaya. Wato lokaci kansa ba gudu ɗaya yake yi a ko'ina ba. In kina son wuri a labarinki da in an shiga an fito sai a tarar kwanaki sun wuce, ga ƙofar da za ki bi, ki dai ƙara gishiri yadda kike so.

Me ake ɓoyewa, kuma daga wa

Nan ba sai kin ƙirƙiri komai ba don tarihi ya riga ya yi miki aikin. Taswira dukiya ce kuma makami ce. Bayan Sifen ta fara mamayar nahiyar Amurka ta kafa wata ma'aikata a birnin Seville, wanda Larabawa ke kira Ishbiliya, a 1503, daga 1508 kuma aka fara ajiye uwar taswira a can, Padrón Real, duk matuƙin da ya dawo daga teku dole ya kawo rahoton abin da ya gano a ƙara a kanta, kuma daga ita ake kwafar wadda za a ba masu fita. Fotugal ma tana da irin tata a Lisbon tana tsaronta kamar ƙwai, saboda hanyar zuwa Indiya ta teku ita ce arzikinta. Amma a 1502 wani ɗan Italiya, Alberto Cantino, wakilin sarkin Ferrara, ya biya wani mai zane tsabar zinariya 12 aka kwafa masa a ɓoye ya fitar da ita. Abin dariyar, ma'aikatar da ke tsaron asalin ta rushe a girgizar ƙasar Lisbon ta 1755, asalin babu shi yau, ta satar ce ke nan lafiya lau a wani ɗakin karatu a Modena. Wallahi duk sanda na tuna wannan sai na ce marubuci ya isa ya ƙirƙiro abin da ya fi haka?

Ɓuya kuma ba kullum kulle takarda a akwati ba ne, wani lokacin sakin ta ƙarya ne. Tarayyar Sobiyet ta yi kusan shekara 50 tana buga wa jama'arta taswirar da aka karkatar da gangan, a matsar da kogi, a goge unguwa, ta gaskiyar tana hannun soja, sai a 1988 shugaban hukumar taswirarsu ya fito ya amsa. Amurka ma da gangan take dagula saƙon GPS na farar hula har kuskure ya kai mita 100, sai a watan Mayun 2000 aka daina. A nan gida kuwa, da wani Baturen Birtaniya mai yawon bincike, Clapperton, ya zo Sakkwato a 1824 yana neman inda kogin Kwara ya ƙare, Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya zana masa a ƙasa cewa kogin yana faɗawa teku, amma taswirar takardar da aka ba shi ya tafi da ita ta nuna kogin ya yi gabas har Masar, kuma ba a bar shi ya ƙarasa bakin kogin ta Yawuri ba. Masana tarihi sun yi saɓani a kan ko da gangan ne, ke dai a matsayinki na marubuciya ki tsaya ki kalli wannan zaman, baƙo yana tambayar hanya da fara'a, mai gida ya san abin da ke biyo bayan mai tambayar hanya.

Saboda haka ki zauna ki amsa wa kanki da biro: in taswirar mutanenki ta fita, wa zai yi arziki, wa zai rasa sarauta, wane gari za a ci da yaƙi? Kuma wa ke ciyar da su? Awo yana cin kuɗi ƙanwata, akwai abinci, akwai dabbobi ko mota, akwai takarda da tawada, akwai iyalan da aka bari a gida. Ƙungiyar da ba a san mai biyanta ba ta tatsuniya ce. Wanda ke biya kuwa wata rana zai ce a matsar masa da layi kaɗan, mu da ke aikin fili mun san wannan muryar sarai, da murmushi take zuwa da ambulan. Ranar da aka nemi jarumarki ta matsar da layi, ranar labarinki ya fara, ina jin shi ya sa kika maƙale a babi na shida, ba a nemi kowa ya yi abin da zai hana shi barci ba tukuna.

Masu ƙafa

In kin tambaye ni wa ya fi kama da mutanenki a duniyar gaske, zan ce 'yan Indiyan da hukumar safiyon Ingila ta dinga turawa Tibet a ɓoye daga shekarun 1860, lokacin an hana Bature shiga. Wanda ya fi shahara Nain Singh, malamin makaranta ne. An horar da shi ya dinga taki iri ɗaya ko a hawa ko a gangara, taki 2,000 mil ɗaya. Aka ba shi carbi irin na mabiya Buddha, nasu ƙwaya 108 ne, nasa aka mayar da shi 100 cif, duk taki ɗari ya ja ƙwaya ɗaya, carbi ya zagayo ya san ya yi mil 5. Takardun da yake rubutu a kai yana cusa su cikin ɗan gwangwanin nan mai juyawa da suke riƙewa suna addu'a, wanda ya gan shi yana tafe yana motsa baki sai ya ce bawan Allah ibada yake, ba mai katse shi. Tsayin wuri kuma da tafasasshen ruwa yake auna shi, don in an hau sama ruwa yana tafasa tun zafinsa bai kai na ƙasa ba, sai ya tsoma ma'aunin zafi a tukunya ba wanda ya kula. Da haka ya isa Lhasa a watan Janairun 1866 ya fitar da inda birnin yake a doron ƙasa.

Akwai kuma Kinthup, tela ne, bai iya karatu ba. A 1880 aka tura shi ya gano ko kogin Tsangpo na Tibet shi ne Brahmaputra na Indiya, dabarar ita ce ya yanka itace 500 ya yi musu alama ya zuba a kogin, a can ƙasa a sa masu gadi su jira. Abokin tafiyarsa ya sayar da shi bawa ya gudu. Ya tsere, ya faɗa hannun wani gidan ibada, ya yi ta neman izinin ziyara yana amfani da damar, ya yanka itacen ya ɓoye a kogo, ya taka har Lhasa ya sa aka rubuta masa wasiƙa cewa ranar kaza zan fara zubawa, ya dawo ya zuba 50 kullum har kwana goma. Wasiƙar ba ta isa ba, Baturen da ya aike shi ya riga ya bar Indiya da rashin lafiya, itacen suka wuce ba mai kallo. Ya dawo gida a 1884 ya ba da bayanin tafiyar da ka, da yawa ba su yarda ba, ya koma ɗinkinsa, sai a 1913 wasu suka bi sawunsa suka tarar abin da ya faɗa haka yake. Ki ba ni mutum ɗaya irin wannan a littafinki, na yafe miki tsohon mai farin gemu. Kar kuma ki manta waɗannan bayin Allah leƙen asiri suke yi wa 'yan mulkin mallaka, jarumta ce a hidimar abin da ba shi da tsarki, taki ƙungiyar ma kar ki wanke ta tas.

Wajen tsarin muƙamai kina iya leƙa Ikhwanus Safa, wasu masana da suka ɓoye sunayensu a Basra a ƙarni na 10 suka bar wasiƙu 52 a kan lissafi da taurari da sauran fannoni, sun kasa mutanensu daraja huɗu bisa shekaru, daga 15, daga 30, daga 40, daga 50. Tsarin nake nuna miki ba aƙidarsu ba, malamai sun yi magana a kanta. Ko ki ɗauko na ayarin fatake da ke zuwa Gwanja sayen goro, akwai madugu, akwai jagaba mai shiga gaba, akwai uban dawaki, kuma su nisan hanya da kwana suke faɗarsa, daga zango kaza zuwa zango kaza kwana kaza ne, taswirar tana cikin kan madugu ba ya raba ta da kowa don ita ce jarinsa. Kowane mataki ki ba shi abin da ya sani da abin da aka hana shi sani. Mai taki ya san adadi bai san me ake haɗawa da shi ba, mai zane ya ga yanki ɗaya, mutum biyu ko uku ne kawai suka taɓa ganin duka.

Ki kuma ba su kuskure, babba, wanda suka gada. A 1798 wani masanin taswira ɗan Ingila, James Rennell, ya zana wasu dogayen duwatsu da suka ratsa Afirka ta Yamma, Duwatsun Kong, masu zane suka yi ta kwafa daga juna kusan shekara 90, sai da wani sojan Faransa mai suna Binger ya taka wurin a ƙarshen shekarun 1880 ya tarar babu su. Ki ce a uwar taswirar mutanenki akwai wata shekara ko wani gari da bai taɓa wanzuwa ba, wanda ya kafa ƙungiyar ne ya sa shi, manya sun sani sun yi shiru don in aka taɓa shi komai zai rushe, sai ga ƙaramar ma'aikaciya awonta ya ƙi haɗuwa da nasu. Mu a wurin aiki in ka zagaya fili ka dawo inda ka fara dole lissafi ya rufe, in bai rufe ba akwai ɓaraka a wani wuri, kuma sabon yaro kullum shi ake fara ɗora wa laifi.

Maganar gobe

Nan ne zan ce ki taka a hankali, don kin ce suna zana har gobe. Masu karatunki akasari Musulmi ne, da sun ga mutum ya buɗe takarda ya karanta ranar mutuwar wani za su ce an taɓa gaibu, kuma suna da gaskiya, daga nan ko dai su ajiye littafin ko su mayar da mutanenki bokaye, mun koma gidan jiya kenan. Kina iya barin su a kan jiya kaɗai, taswirar abin da ya wuce, wannan ba mai ce miki komai kuma na nuna miki ƙarfinsa a sama. Kina iya sa su yi iƙirarin sanin goben, labarin ya zama na yadda girman kai ya kai su ya baro. Amma wanda ni na fi so shi ne su zana goben da ake lissafawa. Masana suna faɗin ranar husufin rana da mintinsa shekaru kafin ya zo, ba duba ba ne, tafiyar rana da wata ce da Allah ya tsara a kan ƙa'ida. Haka wanda ya auna rafi shekara ɗari zai iya cewa nan da shekara goma zai ci wancan ƙauyen. Sai taswirar gobensu ta zama da layi mai ɗigo-ɗigo, yadda muke zana abin da ba mu tabbatar ba, tana yin daidai a kan ruwa da rairayi da taurari, tana shan ƙasa a kan ɗan'adam, don ba a san ranar da mutum zai sauya ra'ayi ba. Rikicin cikin gida ma ya samu, ɓangare ɗaya na cewa a tsaya inda awo ya tsaya, ɗaya na cewa a cike ɗigon.

In kuma kina son ɗan abin al'ajabi da zai sa gashin jiki ya tashi, kwanakin da suka ɓata a kalanda suna nan. A 1582 da aka gyara kalandar Turawa, ƙasashen da suka fara karɓa sun kwanta ranar 4 ga Oktoba suka tashi 15 ga wata. Ƙasar Samoa ta tsallake 30 ga Disamban 2011 ɗungurungum da ta sauya ɓangaren layin da kwanan wata ke sauyawa a kansa a taswirar duniya. A zahiri suna kawai aka sauya ba ranar da ta ɓace, amma a labari wa ya hana ki ce a cikin waɗannan kwanakin ma'ajiyar ƙungiyar take, wurin da ba ya kan kalandar kowa?

Iyakata kenan fa. Ni mai awon ƙasa ne, lissafin Einstein a bakin ƙofa na tsaya, in za ki shiga cikinsa sosai ki samu malamin fiziks ya duba miki, maganar gaibu kuma ki kai wa malamin addini babin ya karanta kafin ki sake shi. Yadda za ki sa soyayya ko kishi a ciki wannan ke za ki koya min.

Abu ɗaya dai ki yi kafin ki koma babi na shida. Ki samu fili ki auna mita 100 da tef, ki taka shi sau biyar kina ƙirgawa ki san takinki, sannan ki ɗauki carbi ki tafi daga ƙofar gidanku zuwa kasuwa kina ja duk taki ɗari, ki dawo ki zana hanyar a takarda ba tare da kin buɗe waya ba. Za a gaishe ki a hanya ki rikice, ɗan adaidaita zai sa ki kauce, za ki manta ko kin ja ƙwayar ko ba ki ja ba. Duk ki rubuta. In kin gama ki turo min zanen tare da babin, ki sa kwanan wata a ƙasa.